Tambaya: wannan Ant-Man da ya ɗauke hankalin yaranmu, daga ina ya fito?

Tela_Birni

Assalamu alaikum 'yan uwa, an wuni lafiya, ya zafi ya jiran ruwan famfo. Wata 'yar tambaya ke tafe da ni ku yi haƙuri in ta yi tsawo. Shekaranjiya mushen ɗana, wato malamin ajinsu, ya aiko in je lakwal, yaron yana CM1, aji biyar na firamare, na ajiye ɗinkin mutane na tafi ina tsammanin ko ya fasa ma wani baki ne, ashe kaye za a nuna min. Kayen lissafi ne da na saya da kuɗina, daga bangon baya har tsakiya babu lissafi ko ɗaya sai zane, wani mutum mai jajayen kaya da kwalkwali irin na ɗan kabu-kabu yana zaune bisa tururuwa mai fiffike kamar wanda ya hau doki ranar hawan salla, a wani shafin kuma shi ɗin dai ne ya yi tsawo ya wuce shaton ruwa, mutane a ƙarƙashinsa kamar an watsa gero. Gaskiya zanen ya yi kyau, wannan ne ma ya hana ni yin faɗa sosai a gaban mushe.

Da muka koma gida na ce wane ne wannan, ya ce Ant-Man, wai yana danna wani abu a hannu sai ya koma ɗan mitsitsi kamar kiyashi amma ƙarfinsa na nan bai ragu ba, kuma yana magana da tururuwa suna bin umarninsa. Ni dai lokacinmu littattafan zane irin su Zembla da Akim da Blek muke aro hannu zuwa hannu har bango ya cire, sai Kouakou da ake kawowa lakwal, kuma jarumin duk ƙato ne mai faɗin ƙirji, ban taɓa ganin wanda abin taƙamarsa ƙanƙanta ba. To wai wannan littafi ne asalinsa ko fim? Su wa suka ƙirƙiro shi? Kuma in hana yaron ko in ƙyale shi?

Mushe_Zango

Wa alaikumus salam Malam Tela. Kafin komai ka sayo masa wani kaye na zane daban, na lissafi ya huta, wannan shawarar malamin aji ce kyauta.

Asalinsa bede ne, wato littafin zane, na kamfanin Marvel na Amurka, kuma ya girmi yawancinmu a nan. Ya fara fitowa a wata mujalla mai suna Tales to Astonish, lamba 27, ta watan Janairun 1962. Stan Lee da ƙaninsa Larry Lieber suka tsara labarin, Jack Kirby ya zana. Abin dariyar shi ne a farko ba jarumi ba ne ko kaɗan, labarin ban tsoro ne mai shafi 7 kacal. Wani masanin kimiyya Hank Pym ya haɗa wani ruwan magani mai ƙanƙantar da abu, ya gwada a kansa, ya wayi gari ya fi ƙwaro ƙanƙanta kuma maganin komawa yana can sama inda ba zai kai ba, ya faɗa gidan tururuwa suna farautarsa, sai guda ɗaya ta taimake shi ta hau da shi bango. Da ya dawo daidai sai ya zubar da maganin ya ce ya tuba. Da labarin ya karɓu sai suka dawo da shi a lamba 35 cikin Satumbar shekarar, da jajayen kayan nan da kwalkwalin da ɗanka ya zana, kwalkwalin shi ke aika wa tururuwa saƙo. A 1963 aka haɗa shi da mace, Janet van Dyne, ita ce Wasp, mu ce Rina tunda tana harbi, kuma su biyun suna cikin mutum biyar da suka kafa ƙungiyar jarumai ta Avengers a wannan shekarar, tare da Iron Man da Thor da Hulk. Ita ce ma ta raɗa wa ƙungiyar suna.

To a nan ne abin ya fara ban sha'awa a wurina. Ka tsaya kusa da Hulk da Thor kai kuma tsawonka bai kai ɗan yatsa ba, wa zai kalle ka? Kafin 1963 ta ƙare sai marubutan suka juya maganin, ya koma ƙato suka ce masa Giant-Man, a 1966 ya zama Goliath wato Jaluta dai wanda muka sani, daga baya kuma Yellowjacket. Mutum ɗaya suna huɗu. Kuma duk lokacin da ya canza girma da suna sai halinsa ya ƙara taɓarɓarewa, shi ne ya ƙera Ultron, na'urar da ta juyo tana neman hallaka su, kuma a wata fitowa ta 1981 ya mari matarsa, abin da masu karatu ba su yafe masa ba har yau. Cinnaka ba ki san na gida ba kenan. Ni a karatuna labarin Pym labarin mutum ne da ya raina abin da Allah ya ba shi, in tururuwa ta tashi lalacewa ai fiffike take yi.

Wanda ɗanka ya sani kuwa ba Pym ba ne, Scott Lang ne, ya shigo a 1979, tsohon ɓarawo ne mai sanin lantarki da ya saci kayan don ya ceto likitar da za ta yi wa 'yarsa aikin zuciya. Shi aka yi wa fim a 2015, Paul Rudd ya fito a matsayinsa, sai na biyu 2018, na uku 2023. Kuma ba Marvel kaɗai ba, abokan hamayyarsu DC suna da nasu mai ƙanƙancewa, Atom, tun 1961. Zamanin ne na bam ɗin nukiliya da maganar ƙwayar zarra, kowa a Amurka hankalinsa na kan abin da ido bai gani amma yana iya rushe gari.

Mai_Caji_Dole

Mushe ranka ya daɗe ka zuba karatu wallahi, amma bari in faɗa maka abin da nake gani daga rumfata, ni nake cajin waya ina tura fim a kati a bakin kasuwa shekara da shekaru. Yaran nan ko ɗaya bai taɓa riƙe littafin nan ba, ni kaina ban taɓa ganinsa da takarda ba a garin nan, in ka ce musu Stan Lee sai dai su ce wannan tsohon mai tabarau da ke leƙowa cikin fim. Duk abin ta waya ya zo. Yaro zai zo da dala ashirin ɗinsa da wayar yayansa ya ce a sa masa na mai tururuwa, wani ma ba ya jin faransancin da ake yi ciki sam, amma zai ba ka labarin tun daga farko har ƙarshe da nasa ƙarin gishirin, su zauna su shida kan waya ɗaya mai fasasshen gilashi har batir ya mutu.

Kuma Baba Tela kar ka ɗauka ƙanƙantar suke so, a'a. Wurin da suka fi cewa a maimaita shi ne na fim ɗin Captain America na 2016 inda ake faɗa a filin jirgin sama ya tashi ya zama ƙato yana fizge fiffiken jirgi, nan za ka ji ihu. Ka duba samarin fada mana, kowa na ɗaga ƙarfe da siminti da aka zuba a gwangwani don damtse ya kumbura, wa ka taɓa gani yana motsa jiki don ya koma kiyashi? Abin da ya shiga bakin yara dai shi ne sunan, duk gajere a tawagar ƙwallo yanzu ko Kirikou ne, ɗan mitsitsin yaron nan na fim ɗin zane, ko Ant-Man, akwai wani ɗan bakanike kusa da mu da ke shigewa ƙarƙashin mota ba sai an ɗaga ta ba, sunansa na gaskiya ma ya ɓace.

Ni dai wurin da ya fi burge ni a na 2015 shi ne faɗan ƙarshe, ana ta kiɗa ana fashe-fashe kamar duniya za ta tashi a kan jirgin ƙasa, sai aka ja kyamara baya aka ga ashe jirgin wasan yara ne a ɗakin yarinya, ya ɗan faɗi ƙwal a kan kafet. Na yi dariya har wani ya tafi da canjina.

Inna_Garin_Malam

Sallama gare ku. Ni 'yata ce ke nuna min wannan hira na ce bari in sa baki ko da ba a tambayi mata ba. Malam Tela kana cewa ba ka taɓa ganin jarumin da ƙanƙanta ce taƙamarsa ba, haba dai, ashe ba a yi maka gatanan gatanan ku ba a Birni? Gizo fa? Wa ya kai Gizo ƙanƙanta a dawa, kuma wa ya sha da shi? Shi ne ya je wa giwa ya ce zo mu ja igiya, ya je wa dorina a ruwa ya ce zo mu ja igiya, ya ba kowa bakin igiya ɗaya ya koma inuwa ya kwanta, ƙattai biyu suka wuni suna jan juna kowa na mamakin ƙarfin Gizo. Kakata in ta zo nan sai ta maƙale murya ta yi tsamin bakin nan nasa, mu kuma muna kan tabarma muna riƙe ciki. Ba kwalkwali ba maganin kwalba, wayo ne kawai.

Bambancin da na gani, shi Gizo ba mutumin kirki ba ne, maƙaryaci ne mai haɗama, ko Ƙoƙi matarsa ba ta tsira ba, kuma ba a ce mana ku zama Gizo, ana nuna mana ne yadda duniya take, mai ƙarfi yana da ƙarfinsa marar ƙarfi yana da dabara, wani lokacin kuma dabarar ta juye kansa ya sha duka. Na Amurkan nan da jikokina ke kallo na ga shi an wanke shi tas an mai da shi mai ceton duniya. Kirikou ma da ya fito a 1998 mun kalle shi a tele har kaset ya gaji, shi ya fi kusa da namu don ƙauye ne da rijiya da tsofaffi da mayya, duk da Bafaranshe ne ya yi shi.

Abin da ke ci min rai ba wai yara na kallon na waje ba ne. Jiya da aka ɗauke kuran na ce ku zo in yi muku tatsuniya, ƙaramar ta ce Inna tana da hoto? Na ce hoton yana cikin kanki. Ta dube ni kamar na yi mata Larabci. To in ɗanka yana da hannun zane Malam Tela, ka zaunar da shi ka ba shi labarin igiyar nan ya zana mana, in ga yadda zai yi fuskar dorina lokacin da ta gane.

Mushe_Zango

Hajiya kin gama magana, na sara miki. Ƙanena mai caji kai ma da gaskiyarka, ta fim abin ya iso mana ba ta takarda ba, ko mu da muka yi zamanin zuwa ɗakin karatu Asterix da Tintin da Lucky Luke muka fi samu, kuma ka lura Asterix ma tun 1959 wasan girma ne, ɗan gajere mai wayo da abokinsa mai tumbi. Amma tunda ka kawo maganar ƙaton filin jirgi bari in ɓata muku shi kaɗan, don ni da wannan fim nake koyar da darasin da a da yara ke barci a kansa.

Ka ɗauki bulo ɗaya. In ka ninka tsawonsa da faɗinsa da kaurinsa sau 2, fuskar da yake zaune a kai ta ninku sau 4, amma nauyinsa sau 8. Haka jikin mutum. Mai kilo 70 in ya ninka tsawonsa sau 10, nauyinsa zai ninku sau 1000, ya zama tan 70, alhali kaurin ƙashin ƙafarsa sau 100 kawai ya ƙaru. Wato kowane ɗan yanki na ƙashin yana ɗauke da ninki 10 na abin da ya saba, takun farko cinyarsa za ta karye kamar karan dawa. Masanin kimiyya Galileo ya rubuta wannan tun 1638. Shi ya sa ƙafar giwa take kamar turmi ta barewa kuwa kamar tsinke, kuma giwa ba ta tsalle. Mutumin da ya fi kowa tsawo da aka auna, Robert Wadlow na Amurka, mita 2.72, sai da ƙarfen tallafi a ƙafa yake tafiya, kuma ciwon da ƙarfen ya ji masa a idon sawu ne ya yi ajalinsa a 1940 yana da shekara 22.

Ta ɓangaren ƙanƙanta kuma lissafin juyawa yake, shi ya sa tururuwa ke jan ƙwayar hatsin da ta fi ta nauyi nesa ba kusa ba, kuma ta faɗo daga kan soro ta kaɗe jiki ta wuce. Ba tsafi ba ne, ƙaramin jiki ƙarfinsa ya fi yawa in aka gwada da nauyinsa. Sai dai tana da nata bala'in. Gobe in kuna shayi ka ɗiga ɗigo ɗaya a tire ka jira kiyashi ya taɓa shi, za ka ga ruwan ya kama shi kamar ƙaro yana ta fafutuka ya kasa fita, abin da kai za ka share da yatsa shi a wurinsa rijiya ce. Kuma mai jini mai ɗumi in ya ƙanƙance zafin jikinsa gudu yake, dubi jaɓa, ba ta da aiki sai ci dare da rana, in ta yi 'yan awoyi ba abinci ta mutu. Da Ant-Man gaske ne da rabin fim ɗin yana neman abin kai wa baki.

Su marubutan sun san da haka, shi ya sa suka ƙirƙiro wasu ƙwayoyi suka sa musu sunan Pym, duk tambayar da ta gagara sai a ce ai ƙwayoyin Pym ne. A fim an ce tazarar da ke tsakanin ƙwayoyin zarra ake matsewa, to in haka ne nauyi bai tafi ko'ina ba, ya aka yi mai kilo 70 ya hau bayan tururuwa ba ta zama gari ba? Ya aka yi Pym, wanda tsoho ne a fim ɗin, ke yawo da tankar yaƙi a maƙale da makullinsa? Wata yarinya 'yar aji uku a koleji ce ta yi min wannan tambayar kafin ni in kawo ta, ranar na ba ta maki ba tare da jarrabawa ba.

Dattijon_Fada

Mushe ka cika mu da lissafi har shayina ya huce. Ni ban kalli fim ɗin ba kuma ba ni da niyya, amma maganar babba da ƙarami ai a filin kokowa muke ganinta ido da ido tun da aka fara gasar takobi a Tawa a 1975. Duk wanda ya taɓa zama a filin ya san ihun da ake yi in ƙato ya kada ƙato daban, wanda ake yi in ɗan siriri ya shige ƙarƙashin ƙato ya ɗauke masa ƙafa daban, har wanda ba ɗan jiharsa ba sai ya tashi tsaye. Kowa ya raina gajere bai taka kunama ba.

Sannan maganar jin zancen tururuwa, yaran nan suna karanta ta a allo ba su lura ba. Sura guda ce a Alƙur'ani mai sunan tururuwa, Suratun Namli, inda guda ɗaya ta gargaɗi 'yan uwanta su shige gidajensu kada rundunar Annabi Sulaimana ta tattake su ba da sani ba, shi kuma ya ji ta ya yi murmushi. Ga Annabi Dawuda da Jaluta a Baƙara, ga tsuntsaye da rundunar giwa. Ba ina haɗa wannan da zanen Turawa ba ne, Allah ya kiyaye, mu'ujiza daban wasan yara daban, kuma ya kamata a faɗa wa yaro wannan bambancin ƙarara. Ina dai cewa Tela in ka zauna da ɗanka kana da abin faɗa masa da ya fi na Mushe tsufa. Abin da ban yarda da shi ba shi ne yaro ya kwana kan waya a kira asuba yana minshari.

Tela_Birni

Kai jama'a na gode, Allah ya bar zumunci. Mushe na sayo kayen, har biyu, da fensir mai launi, ka ja min asarar kuɗin cefane. Hajiya Inna ki yafe ni, wallahi an yi min tatsuniya, mantuwa ce ta girma, kuma daren jiya na gwada ba shi labarin igiyar sai na tarar rabi ya zube min, uwarsa ce ta ƙarasa daga bakin murhu tana min dariya wai na sa kura a inda babu ita. Baba Dattijo maganar waya ka taɓa inda ke min ƙaiƙayi, yanzu in an yi isha'i tana aljihuna.

Ya fara zanen da safen nan kafin ya tafi lakwal. Giwar ta fito, dorinar kuma ta fi kama da saniyar da ta kumbura don bai taɓa ganin dorina ba, in wani na da hoto mai kyau ya turo min. Matsalar ita ce Gizo, ya zana shi da ƙafa takwas sannan ya ɗora masa jan kwalkwali, na ce cire, ya ce to Baba in ba kwalkwali ya za a gane shi ne jarumin. Na ce sa masa hula, ya ce wace iri. Mun tsaya a nan, ni na ce habar kada uwarsa ta ce ai Gizo malfa ta dace da shi tunda kullum yana hanyar gonar wani. Hajiya ke za ki raba mana wannan gardamar.